Talata a Agege: abin da ido ya gani da abin da zuciya ta raya

An kwana ana ruwa, hanyar gefen layin dogo ta zama taɓo, zaman duba rahoton da aka sa ƙarfe tara bai samu ba sai goma saura kwata. Ɗalibar da jami'a ta turo mana horon aikin kula da walwalar jama'a ta kawo rahoton ziyarar da ta kai jiya, shafi biyu da rabi. Maganar wani yaro ce ɗan shekara tara. Makarantarsu ta ce mako uku ba a ga ƙeyarsa ba, wani maƙwabci kuma ya ce ya gan shi yana tallar ruwan leda a ƙarƙashin gadar Pen Cinema. A layi na huɗu ta rubuta cewa uwar ba ta damu da yaron ba, kuma a kan wannan layin ta ɗora duk sauran rahoton.

Na ce ta ɗauki farar takarda ta raba ta gida uku. Gidan farko na abin da ta gani da idonta ko ta ji da kunnenta. Na biyu na abin da aka gaya mata, tare da wanda ya faɗa da yadda aka yi ya sani. Na uku na abin da take zato. Sannan ta bi rahoton jimla bayan jimla, kowace ta sa ta a gidanta. Aikin bai wuce minti ashirin ba, amma ban san wata hanya da ta fi shi saurin koya wa ɗalibi tantance hujja ba.

Da ta gama, abu huɗu kacal ne a gidan farko: iyalin mutum shida a ɗaki ɗaya na haya, yaron kwance a tabarma da rana tsaka, tabo uku a bayansa da ta hango lokacin da rigarsa ta ɗage, sai kuma uwar da ba ta ambaci sunansa ba ko sau ɗaya. Tallar ruwa ta faɗa gida na biyu, daga bakin mutum ɗaya, wanda ba a tambaye shi wace rana ba, ko ƙarfe nawa, ko yaya zamansu yake da iyalin. A gidan hayar da mutum talatin ke raba banɗaki ɗaya da kuɗin wuta ɗaya, wannan tambayar ta ƙarshe ba a tsallake ta.

"Malama, ai ko sunansa ba ta kira ba, 'yaron nan' kawai take cewa."

Na tambaye ta shi ne na nawa a ɗakin. Ta duba takardarta, ɗan fari ne. Ita haifaffiyar Idi-Araba ce, a gidansu an daɗe da barin wannan alkunya, ba ta taso ta ga uwa tana kawar da kai daga ɗanta na fari a gaban baƙi ba. Nan take ta ɗauki biro za ta soke layin ta rubuta cewa al'ada ce, babu matsala. Na riƙe hannunta, domin wannan ma gaggawar ce irin ta farko, ta dai sauya riga.

Duk mai koyon aikin nan ya kamata ya san labarin Victoria Climbié, yarinya 'yar shekara takwas daga Kwaddibuwa da ta rasu a Landan a Fabrairun 2000 a hannun masu riƙonta, da raunuka 128 a jikinta. Binciken da Lord Laming ya jagoranta, wanda aka fitar a 2003, ya nuna cewa an ga yadda take ƙamewa a gaban mai riƙonta, aka ɗauka ladabin yaran Afirka ne. Faransanci ne harshenta, amma ba a nemo tafinta an zauna da ita an ji ta bakinta yadda ya kamata ba. Al'ada tana iya bayyana abu, tana kuma iya zama mayafin da za a lulluɓe cuta da shi, kuma daga ofis ba a bambance su. Eileen Munro, masaniyar aikin kare yara, ta bi rahotannin bincike 45 na irin waɗannan shari'o'i a Birtaniya, daga 1973 zuwa 1994, kuskuren da ta ga ya fi maimaituwa shi ne jami'i ya yanke hukunci tun farko, sannan ya riƙa ganin abin da ya dace da hukuncin kawai.

Maganin wannan a aikace shi ne kada a koma wurin iyalin da zato ɗaya. Muka rubuta uku: sakaci ko duka, rashin lafiya, da karyewar hanyar samun mahaifin. A gaban kowane, ta rubuta abin da in ta gani zai rushe shi. Ɗalibai sun fi son rubuta abin da zai tabbatar da zato, sai an matsa musu suke juyawa.

Bayan azahar muka koma tare. Abu na farko da ya fito, jiya ƙanen mijin ne ya riƙa amsa tambayoyi, matar tana cewa "to" da "babu komai". A rahoto an rubuta "ta amince". Mu da muke cikin harshen mun san "to" ba kullum take nufin yarda ba, wani lokaci tana nufin na ji, ki tashi ki tafi. Bayan haka matar Bazabarmiya ce daga Nijar, Hausarta ta kasuwa ce. A Legas duk wanda ya fito daga arewa Bahaushe ake ce masa, ko Babarbare ne ko Bafulatani ko Buzu, shi ya sa tambayar "wane yare kike yi da 'ya'yanki?" take zuwa kafin kowace. Muka samu wata dattijuwa daga wani layin daban, wadda ba dangin miji ba ce, ta yi tafinta bayan an bayyana mata amanar da ke kanta.

Tabon bayan nan uku zagayayyu ne, girmansu ɗaya kamar bakin ƙaramin kofi, da ƙananan tsaga a tsakiya. Mahaifin ya ce wanzami ya yi wa yaron ƙaho saboda ciwon gaɓoɓi da ke tashi duk lokacin sanyi da damina. Idon yaron da ɗan rawaya-rawaya. Ba a taɓa yi masa gwajin rukunin jini na sikila ba. Shi mahaifin ɗan acaba ne, an kama babur ɗinsa a Ikeja, ɗaya daga cikin ƙananan hukumomi shida da gwamnatin jiha ta haramta acaba a cikinsu tun 1 ga Yunin 2022, yanzu dako yake yi a kwatar Oko-Oba, ranar da aka samu a ci.

Ɗalibar ta zauna da yaron a bakin ƙofa, inda ana ganinsu amma ba a jin su. Na riga na gargaɗe ta kada ta ce "Babanka ne ya doke ka?", domin yaro yakan ba babba amsar da ya ga ana nema. Ta ce, "Ƙanena, ba ni labarin ranar Asabar, daga tashinka har dare." A cikin labarin ya faɗa da kansa cewa yana fita tallar ruwa in jikinsa ya yi sauƙi. Ke nan maƙwabcin bai yi ƙarya ba. Dokar Haƙƙin Yara ta tarayya ta 2003, wadda jihar Legas ta yi tata a 2007, ta hana sa yaro talla a manyan tituna, kuma talauci bai goge wannan ba. An gaya wa mahaifin haka a fili, cikin mutunci.

Akwai kuma wani ɗan kumburi mai duhu a bayan kunnensa na hagu, wanda ƙaho bai bayyana shi ba. Ƙujewa a ƙwauri ko gwiwa ko goshi abin yau da kullum ne ga yaro mai wasa, amma kunne da wuya da ciki da cinya ta ciki wurare ne da ba kasafai faɗuwa ke taɓawa ba. Ba aikinmu ba ne mu ce ga abin da ya jawo shi, na likita ne. Namu shi ne rubuta wurin, da girmansa, da launinsa, da bayanin da kowa ya bayar cikin kalmominsa. Uwar ta ce ƙofa ya buge, yaron ya yi shiru. Dukansu biyun sun shiga gidan farko na takardar.

Kafin magariba ta sake rubuta rahoton, ya dawo shafi ɗaya da rabi. Gobe da safe za ta raka uwar da yaron asibitin gwamnati, a yi gwajin jini, likita ya duba kunnen. Alhamis za ta je makarantar ta ga rajistar aji da idonta, ta lissafa ranakun fashin tun farkon zango ta ga ko sun bi ranakun ruwa. Zaton ana dukan yaron yana nan a gida na uku ba a soke shi ba, an rubuta Talata mai zuwa a gefensa.