Tarihin Rayuwar Emily Dickinson, Kashi na 9: Ramin Allura

Makon jiya mun tsaya a ranar 15 ga Mayu, 1886, ranar da Emily Dickinson ta rasu a gidan mahaifinta da ke Amherst, a Amurka. Waƙoƙinta kusan 10 kacal aka buga tana raye, su ma babu sunanta. Ƙanwarta Lavinia ce ta ci karo da sauran, har da ƙananan littattafai 40 da marigayiyar ta ɗinka da hannunta. Takan jera takardu masu ninki, ta huda gefensu sau biyu da allura, ta ɗaure da zare.

Mabel Loomis Todd da Thomas Wentworth Higginson ne suka fara fitar da waƙoƙin ga jama'a a 1890, kuma littafin ya karɓu. Sai dai garin gyaran gira an taɓa ido. Sun laƙa wa waƙoƙin sunayen da ba ita ta sa ba, sun share yawancin gajerun layukan da take ja tsakanin kalmomi, wani wurin ma sun sauya kalma don ƙafiya ta zauna daram, alhali da gangan take karkata ƙafiyarta. Abin da ya fi ciwo, an kwance zaren littattafan, takardu suka cakuɗe. Rikicin iyali ya raba su gida biyu: kashi ɗaya ya isa Jami'ar Harvard a 1950, ɗayan ya tafi Kwalejin Amherst a 1956.

Thomas H. Johnson ne ya koma kan rubutun hannunta, ya fitar da waƙa 1,775 a 1955. Da yake ba ta sa kwanan wata, sai shi da Theodora Ward suka bi yadda hannunta ke sauyawa shekara bayan shekara suka ƙiyasta lokacin kowace waƙa.

Aikin R. W. Franklin ya fi wannan cin ido. Ya riƙa gwada ramin allura da ramin allura, tabo da tabo, da dameji irin na tawadar da ta shafi shafin da ke kallonta, har ya gano wace takarda ke bin wace. A 1981 ya buga hotunan littattafan a jerinsu na asali, a 1998 kuma ya fitar da waƙa 1,789. Lambobinsa sun saɓa da na Johnson, don haka mai ambaton lambar waƙa dole ya sa J ko F, in ba haka ba ya aika mai karatu ga wata waƙar daban.

Akwai abin da injin ɗab'i ya kasa ɗauka har yau. Dickinson takan sa ƙaramar alamar + a jikin kalma, ta rubuta wasu kalmomin a ƙasan shafi ba tare da ta zaɓi ɗaya ba. Edita dole ya zaɓa. Tun 2013 hotunan takardun suna intanet kyauta, mai karatu na iya ganin duk kalmomin da idonsa.

Mako mai zuwa za mu shiga wasiƙunta, da waɗanda Lavinia ta ƙona.