Ben Hecht: Daga Farautar Hotuna zuwa Hollywood

Ben Hecht, marubucin finafinai na Amurka, ya shiga aikin jarida a Chicago a 1910, yana ɗan shekara 16. Aikinsa na farko shi ne nemo hotunan waɗanda aka kashe ko suka faɗa abin kunya, ko da kuwa ta taga zai shiga gidan. A nan ya koyi rubutu cikin gaggawa, da zance gajere mai kaifi irin na 'yan sanda da ɓarayi.

Wannan saurin ne jarinsa a Hollywood. Labarin fim ɗin Underworld na 1927 ya kawo masa Oscar a bikin farko, a 1929. Amma ya kuma sha yin aikin gyaran rubutun wasu. A 1939 furodusa David Selznick ya tsayar da ɗaukar fim ɗin Gone with the Wind, ya kira shi. Hecht bai ma karanta littafin da aka ciro fim ɗin daga ciki ba, sai aka riƙa kwaikwaya masa labarin yana rubutawa, kusan mako guda. Matsalar irin wannan aiki ita ce kuɗi na shigowa, suna kuwa babu: Sidney Howard aka rubuta a matsayin marubucin fim ɗin.

Daga 1948 gidajen sinima na Birtaniya suka ƙaurace wa finafinansa na wasu shekaru, saboda goyon bayan da ya bai wa ƙungiyar Irgun, ta Yahudawa masu ɗauke da makamai da suka yaƙi mulkin Birtaniya a Falasɗinu.