Makaɗin da masu kallo ba su sani ba

Ina da ƙaramin situdiyo a Titin Gidan Zoo a Kano, kuma mafi yawan aikin da ke shigo mana na sautin fina-finai ne. Wanda yake riƙe da wannan aiki wani makaɗi ne da muka daɗe tare, mutumin da kiɗansa ya shiga gidaje da dama alhali masu kallo ba su san ko sunansa ba.

Ya koyi sana'ar ne a ƙarshen shekarun 1990, lokacin da fiyanon Yamaha ta mamaye situdiyoyin Kano saboda tana kwaikwayon sautin ganga da sarewa ba tare da an tara makaɗa ba. A wancan zamani waƙa ce ke sayar da kaset. Mawaƙi ya rera, makaɗi ya ɗora masa kiɗa, jarumi ya hau waƙar. Biyu su yi suna, shi kuwa makaɗi a sallame shi ya koma gida.

Da kasuwar faifai ta faɗi, aka buɗe tashar Arewa24 a 2014, furodusoshi kuma suka karkata ga shirye-shirye masu dogon zango a talabijin da YouTube, sai buƙata ta sauya. Yanzu ana neman kiɗan da zai bi ƙarƙashin magana, kuma a nan ne gwanintarsa ta fito. Yakan kalli fitowa sau da yawa kafin ya taɓa fiyano. Idan uwa ce take karɓar labarin mutuwar ɗanta, ba ya sa komai sai ta gama salati, sannan ya shigo da sarewa guda a hankali. Idan fada ce, yakan kira mai algaita da mai kalangu su zo a ɗauka, domin a ganinsa kunnen Bahaushe yana gane na kwamfuta, kuma na yarda da shi.

Wani abin da ya ƙara masa kasuwa shi ne YouTube tana gano kiɗan da aka ɗebo daga fina-finan Indiya, ta hana mai shirin cin kuɗin talla. Duk da haka biyan bai taka kara ya karya ba, domin sau ɗaya ake biya a kan kowane kashi, ko da za a yi shekaru ana maimaita shirin. Saboda haka ba na karɓar aiki yanzu sai an rubuta a yarjejeniya cewa sunansa zai fito a jerin ma'aikata, kuma za a ba da rabin kuɗi kafin a fara.