Abin da Na Koya Daga Aikin Tafinta a Gangare

Shekaru kaɗan da suka wuce na yi wa wata ɗaliba aikin tafinta na wata uku a nan Jos. Daga wata jami'a ta ƙasar waje ta zo, tana neman digirin digirgir a fannin nazarin al'ummomi da al'adunsu, kuma abin da ta sa a gaba shi ne sana'o'in matan aure a Gangare da Anguwar Rogo. Ta iso da takardar tambayoyi wadda aka tsara da Turanci tun kafin ta taka ƙasar nan, ni kuwa aikina in juya tambaya zuwa Hausa, in mayar mata da amsa, ita kuma ta cike gurbi.

A gida na huɗu da muka shiga mun tarar da wata dattijuwa a tsakar gida tana murza tunkuza, kaskon mai yana kan murhu a gefenta. Bayan mun gaisa na ce, "Inna, baƙuwar tana tambaya, 'ya'yanki nawa?" Ba ta ɗago kai ba ta ce, "Alhamdu lillahi, 'yar nan, Allah ya ba mu, ya kuma karɓi nasa." Da na nemi sunan babban, sai ta yi murmushi ta kau da fuska, domin ɗan fari ne, kuma macen da ta tashi a zamaninta ba ta kama sunansa. Daga nan muka juya ga surukarta, na tambaye ta ko tana da sana'a, ta ce, "A'a, zaman gida kawai nake yi." Na fassara kamar yadda ta faɗa, baƙuwar ta rubuta cewa ba ta da sana'a. Ba mu tashi daga tabarmar ba sai ga wata yarinya ta shigo da faranti a ka, ta durƙusa ta zube wa matar nan kuɗin ƙuli-ƙuli, matar ta ƙirga ta ƙulle a bakin zane. Na gani da idona, amma ban ce komai ba, saboda a lokacin ina ganin aikina ya tsaya ga abin da baki ya furta. Wannan shirun ya daɗe yana damuna, kuma shi ya sa na shiga karanta tarihin wannan fanni.

Masu fannin suna danganta babbar hanyar bincikensu ga Bronislaw Malinowski, ɗan asalin Foland, wanda ya zauna a tsibiran Tirobiriyan kusa da Niyu Gini tsakanin 1915 da 1918. Abin da ya koyar a Landan bayan ya dawo shi ne mai bincike ya tare a cikin mutane, ya koyi harshensu, ya ci abincinsu, ya halarci aurensu da makokinsu, ya riƙa gwama abin da suke faɗa da abin da suke aikatawa, domin su biyun ba kullum suke dacewa ba. Ɗalibansa da dama Afirka suka nufa. S. F. Nadel ya zauna a ƙasar Nufe, littafinsa ya fito a 1942, Jomo Kenyatta kuma ya rubuta nasa a kan mutanensa Kikuyu a 1938, tun kafin ya shugabanci Kenya.

Misalin da ya fi taɓa ni daga ƙasar Zazzau yake. A 1949 M. G. Smith, ɗan Jamaika, ya zo nazarin sarauta da tattalin arzikin Hausawa, sai ya tarar rabin al'umma suna bayan zaure, inda namiji baƙo ba ya wucewa. Matarsa Mary, wadda ta ji Hausa, ita ce ta shiga cikin gidaje, ta zauna da wata tsohuwa mai suna Baba a Giwa tana rubuta maganarta da Hausa kamar yadda take fita daga bakinta. Baba ta rasu a 1951, labarin rayuwarta ya fito a 1954, kuma har yau duk mai son sanin yadda mata suka ga zamanin bauta da zuwan Turawa da zaman kishiyoyi da ƙawance sai ya bi ta kansa. Daga baya wata mai bincike, Polly Hill, ta zauna a Batagarawa kusa da Katsina, ta nuna cewa matan kulle suna gudanar da ciniki mai yawa daga cikin ɗakunansu ta hannun yara masu talla. Wato abin da na gani a Gangare na yi shiru a kansa, an riga an rubuta shi tun kafin a haife ni.

Akwai wani ɓangare na wannan tarihi da ya kamata mu Hausawan Jos mu dube shi da idon basira, domin ya shafi harshenmu kai tsaye. Yawancin bayanan farko da aka tara a kan al'ummomin Filato jami'an mulkin mallaka ne suka tara su a rangadi, irin su C. K. Meek, wanda littafinsa a kan ƙabilun Arewa ya fito a 1925. Jami'i yakan sauka a gari na 'yan kwanaki, a tara masa dattawa, ya yi tambaya ta bakin tafinta ko masinja mai jin Hausa, ya rubuta, ya wuce. Ta wannan kafa sunayen da baƙi suke kiran mutane da su suka shiga takardun gwamnati: Ngas suka zama Angas, Mwaghavul suka zama Sura, Goemai suka zama Ankwe, Tarok suka zama Yargam. Kalmomi kamar sarki da tsafi da dodo aka ɗora su a kan mukamai da ibadu waɗanda masu su suke da nasu sunayen da nasu ma'anar. Ban ɗauka tafintocin nan mugunta suka yi ba. Kalmar da ke kusa da bakinsu suka ɗauka, kamar yadda ni ma na yi. Sai dai abin da tafinta ya faɗa a tsaye cikin sauri ya zama rubutu, rubutun ya zama hujjar da aka yi amfani da ita wajen yanka gunduma da naɗa mai mulki, jikoki kuma suna ta fama da gyara har yanzu. Da wani mai bincike, Robert Netting, ya zo ya zauna a cikin al'ummar Kofyar ta Filato a farkon shekarun 1960, daɗewar da ya yi ce ta ba shi damar nuna irin gwanintar da ke cikin nomansu na kan tudu, da matakalar duwatsu da takin awakin da ake turkewa, abin da mai rangadin kwana biyu zai wuce bai lura ba.

An ce da ɗan gari akan ci gari, kuma gaskiya ne, amma ɗan gari ma yana da nasa makantar. Baƙuwata ba ta san abin da farantin yarinyar nan yake nufi ba, ni kuma na san shi har ya daina zame mini abin lura, tun da a cikinsa na girma. A ganina wannan ne ya sa bai isa a ce mu 'yan Afirka mu karɓe binciken kanmu kawai ba, ko da yake ina goyon bayan haka da zuciya ɗaya. Ɗalibin da ya fito daga Anguwar Rogo ma yana bukatar ya koyi zama da haƙuri, ya rubuta har abin da yake ganin kowa ya sani, ya kuma tuna cewa idan ya hau dutse wajen Berom ko Anaguta ko Afizere da Hausa a bakinsa, shi ma baƙo ne mai magana da harshen kasuwa, kuma akwai maganar da ba za ta fito ba sai da harshen gida.

A mako na uku na gaya wa baƙuwar abin da na gani ranar nan. Ta ajiye takardar tambayoyin, muka koma gidan ba tare da alƙalami a hannu ba, muka yi ta zuwa muna taya ɓarar gyaɗa. Na daina cewa sana'a, domin a kunnen surukar Inna sana'a ita ce ta mai shago ko mai keken ɗinki, na koma tambayarta, "Yaya, me ake ɗan taɓawa a gidan nan?" Sai ga ƙuli-ƙuli da man gyaɗa, ga awara da yamma, ga zubin adashi biyu, ɗaya na kullum ɗaya na mako, ga tunkiya da ta ba wa ƙaninta kiwo a ƙauye, duk tana tara wa 'yarta kayan ɗaki. Inna kuwa har muka gama ba ta kama sunan ɗan farinta ba. Wata maƙwabciya ce ta faɗa mana shi a zaure, muna sa takalma.