Tokare ramin zinare: abin da ke riƙe ƙasa da abin da ke sakin ta

Aikina a wurin haƙar zinare shi ne kafa itace da duba rami kafin masu diga su sauka. Mafi yawan ramukan da na ga sun rufta, da hannunmu muka taya su, kuma kusan duk sun yi gargaɗi kafin su faɗi.

Ƙasar da muke haƙa a Anka, Maru, Birnin Gwari, Shiroro, har zuwa kudancin Maraɗi, hawa uku gare ta. A sama akwai jar ƙasa da marmara mai tauri. Can ƙasa akwai lafiyayyen dutse, wanda sai da guduma ko nakiya. Tsakaninsu kuma ruɓaɓɓen dutse ne, ido na ganinsa dutse, amma in ka damƙe shi sai ya marmashe, in ya sha ruwa ya koma laka. A wannan hawan na tsakiya ake yawan mutuwa. Marmarar ce ke ruɗin mutane, don takan tsaya cak ko da an rarake ƙarƙashinta, ranar da za ta saki kuma gaba ɗaya take saki.

Daga bakin rami nake farawa. Ƙasar da aka fito da ita ba a tara ta kusa da baki, a matsar da ita aƙalla mita 2. Ƙasa mai faɗin mita 1, tsawo mita 1, tudu mita 1 ta haura tan 1.5, in ta jiƙe ta fi haka, kuma bangon ramin ne ke ɗauke da ita. Buhunan dutse, injin niƙa, babura da 'yan kallo duk lissafinsu ɗaya. Ana ɗaure bakin da gungume huɗu a gicciye, a ɗaga shi sama da ƙasa kamar taƙi 2, sannan a ja kwata ta zagaye ta gefen tudu don ruwan sama ya bi wata hanya.

Itacen da na fi yarda da shi ƙirya ce da marke, sai azarar giginya. Itacen turare ma yana yi in ya ƙosa, ga shi miƙaƙƙe. A ɓare ɓawon tukuna, don a ƙarƙashinsa danshi ke kwana, gara kuma ta samu mafaka. A hanyar da aka haƙa a kwance, kowane ɗauri itace uku ne: biyu a tsaye, ɗaya a kansu a gicciye, kaurin kowanne kada ya gaza santimita 15. Tazarar ɗauri da ɗauri mita 1 ce a ƙasa mai dama-dama, rabin haka a ruɓaɓɓe, kuma a jera katako ko siraran itatuwa a samansu don tare ɓarɓashi. Inda ƙasan ramin ke da laushi, a sa faffaɗan katako ƙarƙashin kowace ƙafa, in ba haka ba nitsewa za ta yi. Abin da sababbin hannu suka fi tsallakewa shi ne matsewa. Itacen da bai taɓa rufi ba, ado ne kawai. Sai an buga guntayen itace masu siririn baki tsakaninsa da rufin har ya kama kam. In aka bar rata ko ta yatsu biyu ce, dutsen zai samu wurin motsawa, kuma dutsen da ya fara motsi nauyinsa ƙaruwa yake yi. Itace ba zai ɗauki dukan ƙasar da ke bisa kanka ba. Aikinsa ya hana ɓallin farko, sannan ya yi ƙara in nauyi ya hau shi, ƙarar nan kuwa ita ce lokacin gudunka.

Faɗin hanya ma na da ƙa'ida. Ina tsayar da shi wajen mita 1.2, rufin kuma a yi masa baka, kada a bar shi a shimfiɗe. In rufin dutse ne mai falle-falle, ninka faɗin sau biyu na ninka wahalar da ke kansa sau huɗu. Shi ya sa mararraba, inda hanyoyi biyu suka haɗu, ta fi ko'ina son itace.

Kowace safiya, da kuma bayan kowace nakiya, ana ƙwanƙwasa rufi da dogon rodi. Lafiyayyen dutse ƙara yake yi tsaf, rodin na rawa a hannunka. Wanda ya rabu da uwarsa kuwa amonsa kamar na ƙwaryar da aka kife. Ka tsaya ƙarƙashin wurin da ka riga ka gwada, ka riƙe rodin a karkace, ka tabbata bayanka babu buhu ko guga da zai harɗe ka. Abin da ya yi amon banza a ɓamɓare shi, in ya ƙi faɗowa a tokare shi nan take. Bayan nakiya ba a komawa sai an yi aƙalla minti 30, saboda hayaƙi da kuma nakiyar da ba ta tashi ba. Tsaga kuwa ina shafe ta da laka mai laushi. In gobe lakar ta tsage, wurin na tafiya. Yoyon ƙasa daga rufi, itacen da ya lanƙwashe, ko ruwan da ya sauya daga garau zuwa ja, kowanne ya isa a fito da kowa.

Wurin da ake rigima da ni shi ne ginshiƙi. Idan ana bin jijiyar farin dutse, dole a riƙa barin wani sashe ba a taɓa ba, faɗinsa kada ya gaza tsayinsa. Matsalar ita ce ginshiƙin ma zinare ne a cikinsa, kowa na ganinsa. Ranar da jijiya ta yi ƙaranci, sai a ce a ɗan sassaƙe gefe. Mai rami na makwabta shi ma yana sassaƙar nasa gefen, ba wanda ya san saura nawa a tsakani. Nauyin da ginshiƙi ɗaya ya sauke, na kusa da shi ne ke ɗauka, don haka in ɗaya ya fashe sauran kan biyo baya a jere, ramuka da yawa su tafi lokaci guda. A Garin Liman da ke yankin Ɗan Issa a jihar Maraɗi, a Nuwamban 2021, ruftawar rijiyoyin zinare ta kashe aƙalla mutum 18. Ni dai ina shafa wa ginshiƙi fenti ja, kuma nakan nemi masu ramukan da ke jere su zauna su amince da iyaka tun kafin hanyoyinsu su kusanci juna.

Damina ba ta da magani sai haƙuri. Ruwa na ƙara wa ƙasa nauyi, yana kuma wanke yumɓun da ke manne da tsagogi, kuma haɗarin kan kai kwana biyu ko uku bayan an ɗauke ruwan, lokacin da kowa ya saki jiki. Ramin Galkogo a ƙaramar hukumar Shiroro ya rufta ne a Yunin 2024 bayan ruwa mai ƙarfi. Mali da Burkina Faso kan rufe irin wannan haƙa a watannin damina, kuma ina ganin sun yi daidai. In dole sai an zuƙe ruwa, a yi a hankali, don saurin zuƙa na janyo yashi daga bayan bango ya bar kogo. Injin fetur kuma a waje yake zama, nesa da baki, hayaƙinsa na kashe mutum a rami ba tare da ya ankara ba.

In rami ya rufta, abu na farko a kori taro daga baki, don nauyinsu ne ke kawo ruftawa ta biyu. Takardar sunayen waɗanda suka sauka, wadda ake ajiyewa wurin mai jan igiya, ita za ta faɗi mutum nawa ake nema. A yi tsit a saurari bugu, a zura bututun iska, a riƙa tokarewa ana ci gaba. Motar haƙa ba ta hawa daidai kan wurin, kuma da an kusa mutum a ajiye diga a koma shebur da hannu. Ba a ɗaura masa igiya a ja. Wanda ƙasa ta danne na tsawon sa'o'i a kai shi asibiti ko da ya tashi da ƙafarsa, domin naman da ya murƙushe na iya lalata ƙoda, alamarsa kuma fitsari ya yi duhu ko ya ragu.