Jiragen attajirai a bakin daga: abin da nazarin rundunar Brest ya koya min

A kwas ɗin tarihin Yaƙin Duniya na Ɗaya an ba ni aikin rubutu kan jiragen ruwan shaƙatawa na attajiran Amurka da aka mayar na sintiri. Darasi mafi girma da na tsinta shi ne, idan za ka auna amfanin kayan yaƙi, ka fara tambayar wane giɓi aka kawo su su toshe.

Jamus ta saki jiragenta na ƙarƙashin ruwa a Fabrairun 1917 su nutsar da duk abin da suka tarar, Amurka kuma ta shiga yaƙin ran 6 ga Afrilu ba ta da isassun ƙananan jiragen rakiya. A rashin uwa akan yi uwar ɗaki. Sai rundunar ruwa ta sayi jiragen masu kuɗi, wasu ta yi hayarsu, aka kwashe kayan alatu, aka kafa igwa, aka shafa fenti ruwan toka. Har Corsair, jirgin attajirin mai banki J. P. Morgan, bai tsira ba. Guda takwas ne rukunin farko da aka tura gaɓar Faransa, suka yi sansani a Brest.

Wanda zai ƙirga jiragen Jamus da suka nutsar zai ce asarar kwal kawai aka yi. Amma ba nan aikinsu yake ba. Jirgin ƙarƙashin ruwa na wancan zamani ya fi son ya taso sama ya harbi jirgin kaya da igwa, domin makaman topido da yake ɗauka kaɗan ne. Da zarar akwai mai bindiga a gefen ayarin, dole ya nutse, in ya nutse kuwa gudunsa ya ragu ƙwarai. Ga kuma ceto: ran 17 ga Oktoban 1917 da aka nutsar da jirgin dakon soja Antilles, Corsair da Alcedo, wani daga cikin jiragen attajiran, ne suka tsamo waɗanda suka rayu.

Abin da ya fi tsaya min a rai shi ne makomar Alcedo ɗin. Ba a cika mako uku ba, ran 5 ga Nuwamba, jirgin ƙarƙashin ruwa na Jamus UC-71 ya harbe shi cikin dare, ya nutse cikin kusan minti takwas, mutum 21 suka mutu. Shi ne jirgin yaƙin Amurka na farko da abokan gaba suka nutsar a yaƙin. An ƙera shi ne don yawon bazara na masu hali, ba don ya sha duka ya ci gaba da tafiya ba, kuma fenti da igwa ba sa canja ƙashin jirgi. Ra'ayina dai, manyan da suka tura su sun san haka sarai. Lissafi suka yi cewa rakiya mai rauni ta fi babu. Matuƙan ma sun sani, shi ya sa rundunar ta yi suna da rundunar ƙunar baƙin wake. Teku ita ma ta ci rabonta: Guinevere ya daki duwatsu a Janairun 1918, Wakiva II kuma ya nutse bayan karo da wani jirgin ayarinsu a watan Mayu.

Darasi na biyu na sana'ar tarihi ne kanta: kada ka tsaya ga rahoton ɓangare ɗaya. Matuƙi ya jefa bam cikin ruwa, ya ga mai ya taso, sai ya rubuta cewa ya halaka abokin gaba, ba kuma ƙarya yake nufi ba. A Mayun 1918 Christabel, ɗaya daga cikin jiragen Brest, ya yi wa jirgin ƙarƙashin ruwa na Jamus UC-56 ruwan bamabamai. UC-56 bai nutse ba, ya lallaɓa har Santander a Sifaniya, wadda ba ta cikin yaƙin, aka tsare shi a can har aka gama.