Fenti a bayan gidanmu, jini a telebijin

Yau Asabar, Garwa ta ɗau zafi tun kafin azahar, ko iskar Binuwai ba ta kawo ɗauki ba. Ga wani mai shago da na rubuta wa allo ya ce wai kuɗina sai ƙarshen wata, kuma yana faɗa yana dariya. Na dawo Yelwa raina a ɓace.

Ƙanina ya ce Yaya zo ka huce a Resident Evil 4, shi kullum maganinsa kenan. Wasan bidiyo ne na kamfanin Capcom na Japan, na farkonsu ya fito tun 1996, wannan na huɗun kuma 2005, aka sake gina shi a 2023. Kana Leon, an turo ka wani ƙauye a Sifen neman 'yar shugaban Amurka, mutanen garin wata ƙwayar cuta ta shige musu jiki, ka harbi kan mutum ya fashe sai wani abu ya fito daga wuyan yana wutsil-wutsil, ga mai buhu a ka da injin yankan itace yana bin ka, wallahi ƙarar injin nan kaɗai ta isa. Na kashe su da yawa amma wuyana ya ƙara sanƙarewa ne, hannu duk gumi a kan manet, wato abin da ake dannawa a sarrafa wasan. Tsoro ne ya danne haushin, bai fitar da shi ba.

Sai kuran, wato wutar lantarki, ya ɗauke, kamar kullum.

Na zagaya bayan gidanmu, na shimfiɗa tsohon kwali na firiji a ƙasa, na kwaso ragowar fentin mai, ja da baƙi da ɗan shuɗi, na tsinka su da kananzir. Buroshi ma ban taɓa ba, tsinken tsintsiya na tsoma ina watsawa da ƙarfi tun daga kafaɗa. Jackson Pollock, wani mai zane na Amurka, haka ya riƙa yi wajen 1947, zane a ƙasa yana zagaya shi yana ɗiga fenti da sanda, yau ana sayen aikinsa miliyoyin daloli, ni nawa ko mai gwangwan ba zai taya ba. Amma jan nan in ya faɗi kan baƙi ya tarwatse, sai in ji ƙirjina ya saki. A wasan yatsu biyu ne ke aiki, nan kuwa har ƙugu.

Inna ta leƙo ta ce wa aka yanka a nan? Ta hango ɗigo a kan zaninta da ke shanye a igiya, yanzu ni da ita maganar sabon atamfa muke, shi ma sai ƙarshen wata.